Wakilin Kulu

Litinin, 3 ga Nuwamba 1947, bayan la'asar

Mun ci shari'a. Bari in rubuta da manyan baƙaƙe, don in na mutu a san Halliru ya taɓa cin wani abu ban da tuwon mutane: MUN CI SHARI'A.

Alƙali ya yanke cewa lambun bakin gulbi na ɗiyata Kulu ne, tun daga giginya har ruwa, yadda uwarta Lami, Allah shi jiƙanta, tam mallaka mata gaban shaidu. Ya ba Hakiminmu kwana bakwai shi janye mutanenai, shi tsaya da ƙafarshi kan iyaka tare da manzon kotu, shi miƙa mata. An rubuta da Larabci, an buga hatimi. Malamin kotu ya sake rubuta mani da boko, tunda ni ne wakilin Kulu, ni ne kuma kaɗai a garinmu da yay yi aji uku a elementare ta Wurno kafin a gane ɗaukar tabarmar malam kaɗai niy iya.

Hakimin kuwa Maccido ne, taubashina. Uwata da ubanai ciki ɗaya. Tun muna yawo ba wando nika ce mai bawana, shina ce mani bawanai, kuma duk abin da ɗaya yaf faɗa wa ɗaya ba a fushi. Haka munka taras, haka munka tashi. Kotu bai je ba, wakili ya tura.

Kan hanyar dawowa Kulu na bayana, tac ce, "Baba, kwana bakwai anka ce ko?"

Nic ce, "Bakwai cif."

Tac ce, "Dashena kwana goma yar rage mai."

Fangali shida tay yafa irin albasa bayan gida, kusa da rijiya, tun ɗaukewar ruwa. Dashen albasa ba shi jiran kowa. In ya kai taƙi ɗaya a cire shi a kai lambu. In anka bar shi yaf fara kai a inda yat tsiro, to an yi wa akuya noma. Mijinta ya rasu bara. 'Yan'uwanai na Goronyo sun ce in ranin ga bai nuna tana da abin ciyar da Mairo da Larai ba, za su zo su ɗauki ɗiyan ɗan'uwansu. Lambun nan shi ne amsarta.

Nic ce mata, "Ki bar mani Maccido. Na san inda ƙaiƙayinai yake."

Ba ta yi dariya ba. Ɗiyan zamani.

Talata, 4 ga Nuwamba, da hantsi

Na sa rigata ta sallah, na tafi ƙofar Hakimi. Fada cike. Nit tsuguna, nic ce ranka shi daɗe, takarda daga alƙali.

Maccido yad dube ni tun daga hula har faso, yac ce, "Jama'a, wa yam mutu? Bawana ya sa riga."

Anka kwashe da dariya. Ni ma nit taya su, don rigar ta yi mani gajarta. Sannan nim miƙe nif fara karatu. To ni ban iya karanta takarda da muryata ba. Shekara ashirin ina karanta wa mutane wasiƙa a kasuwa, in ta soja ce in yi muryar soja, in ta tsohuwa ce in yi ta tsohuwa. Ban ankara ba sai nij ji ina karatu da muryar alƙali, ta hanci, har da tarin da shika yi kafin shi ce "bayan haka". Sarkin Fawa ya faɗi gefe shina riƙe da ciki.

Da nik kai "cikin kwana bakwai", Maccido yas share hawaye yac ce, "Wallahi ba ka da kunya. Ƙara karanta wurin nan na hakimi shi tsaya da ƙafarshi."

Nik ƙara.

Yas sa anka ba ni goro biyu. Na karɓa. Kulu ta tambaye ni yadda anka yi, nic ce an karɓi takarda da fara'a. Ba ƙarya niy yi ba.

Alhamis, 6 ga Nuwamba, da safe

Dashe ya kai tsawon ɗan yatsana na tsakiya. Kore shar, abin sha'awa.

Litinin, 10 ga Nuwamba, bayan azahar

Kwana bakwai sun cika. Kyauta, manzon alƙali, ya iso tun hantsi bisa jaki. Tsoho ne mai ido ɗaya, shekara talatin shina kai takardun kotu. Munka tsaya gindin giginya, ni da shi da Kulu, har inuwa tad dawo ƙarƙashin ƙafa. Mutanen Hakimi na ciki suna ta tada fangali, ba wanda yaɗ ɗaga kai.

Can sai ga saƙo: dokin Hakimi na ɗingishi.

Daga ƙofar gidanai zuwa lambun, in ka ɗora tukunya ka tafi ka dawo, ruwa bai tafasa ba. Nic ce wa ɗan saƙon shi koma shi ce bawanai na nan da doro, in goyo shika so. Kyauta yad dube ni da idon nan ɗaya.

"Malam Halliru," yac ce, "kai na mai ƙara, ko kai na mai gangar biki?"

Nic ce duka biyu nika taɓawa. Ya hau jakinai.

Laraba, 12 ga Nuwamba, da yamma

Doki ya warke. Yanzu cikin Hakimi ne. An ce ko zaure ba shi iya fitowa. Matata ta yanzu ta ga an shiga da ƙafar rago gidan, ƙila magani ce.

Dashe taƙi ɗaya saura kaɗan.

Juma'a, 14 ga Nuwamba, bayan saukowa masallaci

Na yi dabara. Nic ce tunda tawa muryar ta zama ta 'yan kama, bari a ji ta Larabci daga bakin Liman, gaban jama'a, Hakimi na zaune a sahun gaba da cikinai da yaw warke. Nim miƙa wa Liman takardar mai hatimi.

Ya juya ta, ya kai ta kusa da hanci, ya nesanta ta. Yac ce idonai na yi mai yaji tun jiya. Mutumin da yag gama karanta huɗuba yanzun nan daga takarda mai rubutu kamar ƙafar tururuwa.

Maccido yaj juyo yac ce, "Bawana, har masallaci? Bari mu fita, in ba ka fili ka yi wa mutane alƙalin nan naka."

Sahun baya duka sunka murmusa. Ina da magana a baki, mai nauyi, na shirya ta tun asuba. Abin da yaf fito shi ne, "Sai ka biya ni da rawaninka."

Asabar, 15 ga Nuwamba, da safe

Dashe ya kai. Yau ya kamata.

Lahadi, 16 ga Nuwamba, bayan la'asar

Kulu ba ta taɓa tambayata yadda lambun yash shiga hannun Maccido ba. A kotu ta ji, tare da kowa.

Shekara biyar ke nan. Kwana uku da rasuwar Lami, muna kan tabarmar gaisuwa. Ni ban iya zuwa wajen gulbin ba lokacin, don duk fangalin da ke ciki da hannunta tat tada shi. Maccido yaz zauna kusa da ni, yad dafa ni, yac ce, "Bawana, ba ni aron lambun kafin ka gama kuka." Mutane na kallona, kowa na jiran shi ga ko Halliru zai fashe. Nic ce, "Ɗauka, har da gulbin, da kifin ciki."

Anka yi dariya. Wata tsohuwa har tac ce Allah shi yi mani albarka, na sauƙaƙa wa mutane zaman.

Shi ne abin da wakilinai yak kai kotu, wai kyauta niy yi gaban jama'a. Alƙali yac ce mutum ba shi kyauta da abin da ba nashi ba. To gulbin ma ba nawa ba ne, ban san abin da yah hana shi riƙe wannan ba.

Ban son in ƙara rubutu kan wannan.

Talata, 18 ga Nuwamba, da hantsi

Sun sare giginya.

Talata dai, bayan la'asar

Wai Di'o, Baturen mulki, ya aiko ana son azara don rufin barikin da Turawa ke sauka in sun zo rangadi. Kowane hakimi shi kawo goma. Giginya ta fi ɗari tsakaninmu da Tursa, amma gatarin Maccido bai ga ko ɗaya ba sai wadda sunanta ke cikin takardar alƙali.

Ka ga biyayya. Umarnin Bature ya iso jiya da yamma, yau kafin rana ta yi zafi an cika shi. Doki bai yi ɗingishi ba, ciki bai murɗa ba. Da kanshi yat tsaya, da ƙafarshi, a daidai wurin da alƙali yac ce shi tsaya, shina nuna inda za a sa gatari.

Nij je da gudu, hula a hannu. Nic ce, "Ranka shi daɗe, iyakar ke nan kas sare."

Yac ce, "Af. To yanzu ya za a yi? Takarda ta ce daga giginya, ga shi ba giginya. Sai a koma wurin Malam alƙali shi sake dubawa."

Nic ce ga kututture nan. Yac ce shi ba malami ba na, ba shi iya fassara hukunci da kanshi, tsoron Allah shika ji.

Lami kan ɗaure Kulu a gindin nan da zane, don kar ta rarrafa ruwa.

Alhamis, 20 ga Nuwamba, da yamma

Kwana biyu ina wuni bisa kututture, don kar a sa mai wuta. Na samu sarauta: Sarkin Kututture. Masunta in sun wuce cikin jirgi suna ɗaga mani hannu suna cewa ranka shi daɗe, ni kuma ina amsawa da sanda kamar mai ƙasa. Ina zaune ina kallon mutanen Hakimi suna dasa tasu albasar cikin ƙasar Kulu, layi-layi, ƙasa da danshinta, hannu na shiga kamar cikin tuwo.

Ɗayansu ya ce in ba su labarin Bature da jakin Gandi, aikin shi yi sauri. Ban ba su ba. Ina son a rubuta wannan: ban ba su ba. Rabi kawai nib ba su.

Asabar, 22 ga Nuwamba, da safe

Kulu ta rage wa dashe ruwa don shi dakata da girma. Ta kuma yanke kan ganyen da wuƙa. Ta ce haka uwarta ka yi in lambu bai shirya ba. Kwana nawa wannan ke saye? Tac ce, "Bakwai. In Allah ya so, goma."

Litinin, 24 ga Nuwamba, ranar cika-ciki, bayan azahar

Yau taubasai ke yi wa juna tsiya da kyauta. Bara na aika mai da tsohon takalmi ƙafa ɗaya, shi ya aiko mani da akuyar da ba ta da haƙori, munka yi sati muna dariya.

Bana ya aiko da tabarma. Sabuwa fil, saƙar ganyen giginya, ganyen bai ma gama bushewa ba. Saƙon da ke tare da ita: bawana shi shimfiɗa shi ji daɗin jira.

Ɗan saƙon ya tsaya shina jiran amsa, don kowa ya san Halliru ba a bar shi da bashin magana. Maƙwabta sun leƙo. Kulu na tsakar gida tana daka, sai nij ji taɓarya ta tsaya.

Nic ce a gaya mai ta yi gajarta, shi saro wata giginyar.

Taɓarya tac ci gaba.

Laraba, 26 ga Nuwamba, bayan magariba

Tun asuba nit tafi wurin alƙali, a ƙasa. Na same shi zaure shina duba littafi. Na zayyana mai doki da ciki da azara. Wannan karon da muryata.

Ya rufe littafin. Sannan yac ce, "Halliru, in talaka yaƙ ƙi hukuncina, in aika dogari ɗaya, kafin la'asar shina nan tsugune. In hakimi na, sai in rubuta wa Uban ƙasa, shugabanai, in roƙe shi shi ara mani hakiminai. Na rubuta tun ran da Kyauta yad dawo."

Nic ce to mi anka ce?

"Uban ƙasa na rangadi tare da Bature wajen Rabah. In sun dawo."

Nic ce Allah shi gafarta Malam, albasa ba ta san rangadi ba.

Yac ce, "Na sani. Ubana manomi na." Sannan yac ce abin da za a tuhumi Maccido da shi raina shari'a ne, kuma in ya tabbata, maganar har Sakkwato, rawani na iya faɗuwa. "Amma sai wakili ya tsaya gabana ya ce an kai hukunci, an ƙi. Da bakinai. Ka iya?"

Nic ce, ni da bakina ke ciyar da ni?

Yac ce, "Shi nika tsoro."

Asabar, 29 ga Nuwamba, da safe

Na tona ɗaya da yatsa Kulu ba ta gani ba. Gindin ya fara kumburi, kamar ƙwayar gujiya. Na mayar na rufe.

Talata, 2 ga Disamba, bayan la'asar

Uban ƙasa ya dawo. An ba da Maccido aro. Jibi Alhamis za a zauna.

Na tafi bayan gari inda ba kowa, na tsaya gaban wata kuka ina gwaji. An kai hukunci, ya ƙi. An kai hukunci, ya ƙi. Kalma biyar. Sau arba'in na faɗa, kukar ba ta yi dariya ko sau ɗaya ba, nic ce to na iya.

Matar kawuna, uwar Maccido, ta aiko a kira ni. Tsohuwar da tag goya ni lokacin da uwata ke jinya. Ba ta gani yanzu. Ta shafa fuskata tac ce, "Halliru, ku biyu nono ɗaya kunka kusa sha. Wasa na ko?" Nic ce Inna ki kwantar da hankalinki. Ban ce wasa ne ba. Ban ce ba wasa ba ne.

Kulu ta wanke mani rigar sallah.

Alhamis, 4 ga Disamba, bayan magariba

An zauna. Mun dawo. Ba ni rubuta komi yau.

Juma'a, 5 ga Disamba, da hantsi

Ban je kasuwa ba. Bari in rubuta, tunda duk gunduma ta riga ta haddace.

Kotu cike har waje. Ni ina ƙasa, inda masu ƙara ke zama. Kulu na can bakin ƙofa wajen mata. Maccido an shimfiɗa mai buzu, don hakimi ne ko da shi anka kira. Ya sha rawani, amma na ga ya kasa ɗaga ido daga buzun. Ban taɓa ganin haka ba. Tun muna yara shi ne mai hawa bishiya in tsaya ƙasa.

Alƙali ya karanta hukuncinai na farko. Yac ce, "Halliru, wakilin Kulu. Ka kai hukuncin ga ga Hakimi?"

Nic ce na kai.

"Ya ƙi, ko bai ƙi ba?"

Mutum ɗari suna kallon bakina, irin kallon nan da nis sani tun ina yaro, wanda leɓe ke fara motsi tun ba ka ce komi ba. Maccido yaɗ ɗago ido, yac ce a hankali, yadda ni kaɗai zan ji, "Bawana."

Nic ce, "Allah shi gafarta Malam, ƙi dai bai ƙi ba. Dokinai na yaƙ ƙi. Sannan cikinai yaƙ ƙi. Ita kuma giginya tag gaji da tsayuwa tak kwanta."

Kotu tar rushe. Dogari ya juya baya kafaɗunai na rawa. Malamin kotu ya ɗiga tawada a riga. Wallahi ban taɓa samun dariya irin ta jiya ba, kuma wani abu a cikina, Allah shi tsine mai, ya ji daɗi.

Alƙali bai yi dariya ba. Ya jira anka yi shiru, yac ce wa malaminai, "Rubuta. Wakilin mai ƙara ya shaida da bakinai cewa Hakimi bai ƙi ba." Yad dube ni. "Haka kac ce?"

Nic ce Malam ai ka gane abin da nika nufi.

Yac ce, "Ni ba a aje ni nan don in gane ba. Abin da anka faɗa nika rubutawa."

Tuhumar raina shari'a ta faɗi. Tunda uzuri ne ba ƙi ba, an ƙara wa Hakimi kwana talatin.

Talatin.

Ana shirin tashi sai murya daga bakin ƙofa. Ban gane ta ba da farko, don ban taɓa jin Kulu ta ɗaga murya gaban maza ba.

"Allah shi gafarta Malam, ina da magana."

Yac ce ta faɗi.

"Na sauke wakilina."

Ba wanda yay yi dariya. Alƙali yac ce ta san ubanta ne? Tac ce ta sani, kuma tana neman gafaratai duniya da lahira, amma ta sauke shi. Wa taka so? Kawunta Yari na Gandi, wan uwarta.

Alƙali yac ce an rubuta.

Mun dawo hanya ɗaya. Wannan karon ita ke gaba.

Lahadi, 7 ga Disamba, bayan azahar

Yaya Yari ya iso. Wan matar mutum ba abokin wasa ba ne, balle wannan, da ko ranar aurena da ƙanwatai ban ga haƙorinai ba. Na tsuguna na gaishe shi. Ya amsa, yac ce, "Takardar."

Nib ba shi duka biyu. Ya mayar mani da ta boko.

Bai sha ruwa ba yat tafi ƙofar Hakimi. Na bi shi daga nesa. An nuna mai tabarma, bai zauna ba. Maccido yaf fara, "A'a, manyan Gandi, an zo ganin bawana?"

Yari yac ce, "Ranka shi daɗe, ni ba ni da wasa da kai. Kwana talatin naka na, alƙali ya ba ka. Ni jibi da hantsi ina kan kututture. In ban gan ka ba, daga nan ba gida za ni ba, Sakkwato za ni da takardar ga, in tambaya ko wa yaz zaɓi giginyar da anka sare. Na bar ka lafiya."

Ke nan. Ko minti biyu bai yi ba.

Talata, 9 ga Disamba, da yamma

Ya zo. Da ƙafarshi. Kyauta na nan da jakinai, Liman na nan, idonai ya warke har ya karanta Larabcin ba tuntuɓe. Maccido ya taka kututture yac ce daga nan har ruwa na Kulu ne, kowa ya shaida.

Mutanenai sun tuge albasarsu sun tafi da ita, sun bar fangali a tattake. Danshin da gulbi yab bari ya tafi, ƙasa ta tsage, sai an ɗaga ruwa da jigo.

Kwana talatin da huɗu ina yawo da takardar nan a aljihu. Yari kwana biyu.

Kyauta da zai tafi ya tsaya kusa da ni, na ɗauka zai ce wani abu. Igiyar jakinai ce tas saƙale.

Laraba, 10 ga Disamba, bayan magariba

Mun dasa. Ni ke jan jigo, Kulu da Yari na dasawa. Yawancin dashen ya yi kai, wani kamar goro. Kulu na zaɓen masu dama tana jefar da saura cikin kwando, wai a daka a yi gabu, ko miya ta samu.

Bayana kamar an yi mani duka. Ban yi wa kowa ƙorafi ba. Ba wanda yat tambaya.

Juma'a, 12 ga Disamba, bayan saukowa masallaci

Wajen takalma Maccido yar riƙo hannun rigata. Ba kowa kusa. Ba murmushi a fuskatai, shi ya sa nit tsaya.

Yac ce, "Halliru." Rabon da shi kira sunana tun kaciya. "Don Allah in tambaye ka. Mi yah hana ka ce mani da gaske kaka yi? Ka zo da muryar alƙali, ka karɓi goro, ka ce in saro wata giginya. Wallahi da ranar farko ka dube ni ka ce Maccido, ɗiyata ta, ba ni lambunta, da kafin azahar na ba ka."

Ban san ko ƙarya shika yi ba. Na juya ta tun ɗazu, ta kowane gefe. In ƙarya ce, mugu ne, in kwana lafiya. In gaskiya ce fa?

Abin da nic ce mai? Nic ce, "To yanzu da gaske nika yi, ba ni rawanin."

Yay yi dariya. Ni ma.

Alhamis, 18 ga Disamba, da safe

Cikin fangali ashirin da munka dasa, shida sun kama. Saura sun kwanta sun yi rawaya.

Asabar, 20 ga Disamba, bayan la'asar

Mutanen Goronyo sun iso, su biyu, da jaki. Mutanen kirki ne, abin haushin ke nan. Sun je lambu da Yari, sun zagaya, sun ƙirga abin da yat tsaya da ido, sun dawo sun zauna zaure. Babban yac ce ba su zo da faɗa ba. Fangali shida na iya riƙe uwa da ɗiya ɗaya. Ba su riƙe uku. Za su tafi da Mairo, babbar, a bar Larai tunda ba ta daɗe da yaye ba. In baɗi lambu ya yi kyau, a sake magana.

Yari ya yi musu gardama har la'asar. Ni ba a tambaye ni ba. Ina zaune bisa tabarma bakin ƙofa kamar baƙo.

Lahadi, 21 ga Disamba, da hantsi

Kulu ta yi wa Mairo kitso tun jiya. Ta ɗaure mata zane biyu da ɗan ƙoƙonta cikin tsumma. An ɗora ta bisa jaki. Shekararta shida. Ba ta yi kuka ba, tana dai kallon uwarta, leɓenta na rawa.

Ban iya ganin yaro haka. Nim matsa, nik kama kunnen jakin, nis sa muryar Bature, nif fara tambayarshi ko shina da takardar izinin shiga Goronyo.

Kulu tac ce, "Baba."

Ba da faɗa ba. Ko kallona ba ta yi ba.

"Bari ta yi kukanta."

Na saki kunnen jakin.